Wasannin da Goggo Laburare Ta Fitar

Na daɗe ina jan ƙafa kafin in rubuta wannan. A inda na yi karatu na zauna da mutanen da ke sayen wasannin kwamfuta kamar ana rabawa kyauta. Babu faifai, babu kwali, suna ne kawai da ɗan hoto ke ƙaruwa a jerin da ke cikin asusun mutum na intanet. Ban taɓa jin wani ya ce jerin ya yi masa nauyi ba. Abin da ba ya cin wuri, ba a tuntuɓe da shi, me zai sa a tsaya share shi? Da na dawo gida aka ba ni labarin abin da ya faru tsakanin goggona da autanta, na ɗauke shi abin dariya irin na cikin dangi. Har yanzu ban tabbata mai karatu zai ga ya wuce haka ba. Ga shi dai yadda na tattaro shi.

Shekara talatin da ɗaya ta yi tana kula da laburaren wata makarantar sakandare, har sunan wurin ya manne mata. Yara da manya Goggo Laburare suke ce mata, ita kuma tana amsawa. 'Yar ƙaramar mace ce, tabarau rataye a wuya da igiya, ba ta ɗaga murya don ta saba da ɗakin da ba a ɗaga murya a cikinsa.

Duk ƙarshen shekara, in ɗalibai sun tafi hutu, sai ta kulle ƙofa ta yi aikin da take kira fitarwa. Za ta ɗauko littafi ta juya bayansa, inda ake buga ranar aro. In shekara bakwai ta wuce ba wanda ya are shi, kwanansa ya ƙare. Ta rubuta sunansa a rajista, ta soke lambarsa da jan biro, ta buga masa hatimi, ta jefa a kwali. Littafin da ya shiga kwalin nan bai taɓa komawa kanta ba, ko da shugaban makaranta ne ya roƙa. Ta taɓa samun mataimakiya mai tura tsofaffin littattafai bayan kanta don kada ta wahala da rubutu. Sharar raggo, in ji Goggo, a ture datti ƙarƙashin gado a ce an yi tsafta. Abu ɗaya ne ke ceton littafi a hannunta: in ta buɗe shafin farko ta ga rubutun hannu, wane ya ba makaranta kyauta. Wannan ko asu ya cinye rabinsa tana mayar da shi wurinsa.

Autanta ya kai talatin da biyar, har furfura ta fara leƙowa a gemunsa, amma Auta take ce masa. Aikinsa ɗaukar hoton ƙirji da ƙashi a asibiti. Su biyu ke zaune a hawa na biyu na wani bene, sama da shagon magani, tun rasuwar mahaifinsa. Tun yana ɗan shekara goma sha biyu suke rigima a kan wasan kwamfuta. Ta sha zare wayar wuta ta ɓoye a ƙasan akwatinta, shi kuma ya aro wata wurin abokinsa Tsinke, ɗan maƙwabta, siriri kamar sunansa, wanda ya fi cin abinci a gidanta fiye da gidansu. Da ya shigo zai ce, "Inna, ɗanki na gaskiya ya zo, a kori wancan." Da suka girma aiki ya kai Tsinke wani gari, amma duk Asabar sai sun haɗu ta intanet, Auta da abin ji a kunne yana ta ihu shi kaɗai a ɗaki kamar mai aljanu.

Bara Tsinke ya kwanta asibiti kwana goma sha ɗaya, ya rasu. Auta ya rufe kwamfutar da zanen gado. Maganarsa a gida ta koma uku: ina kwana, na dawo, a tashi lafiya. Goggo da ta yi shekara ashirin tana roƙon Allah ya raba ɗanta da wannan shiririta, sai ta sami kanta ranar Asabar tana kasa kunne ko za ta ji ihu. Ba ta faɗa wa kowa ba. Ta dai san ɗanta yana cikin gida amma ba ya nan, kuma ba ta san ta inda za ta kamo shi ba.

Wata Lahadi da hantsi ya yaye zanen, ya kunna, ya zauna yana kallo. Can ya ɗaga murya.

"Inna, zo ki ga wani laburare."

Ta zo tana goge hannu. "Laburare a cikin wannan akwatin?"

"Haka suke kiransa. Wasa ɗari huɗu da goma sha ɗaya ne a ciki."

"Duka ka wasa su?"

"Ai ba wuƙaƙe ba ne, Inna."

Ya ɗan yi dariya ta hanci. Rabonta da jin wannan sautin wata goma sha huɗu.

Ya ce sun yi masa yawa, in ya buɗe sai ya rasa inda zai sa ido. Da yawansu ma ragi aka yi ya kwasa, bai taɓa buɗewa ba. "Ke da kika saba, ki fitar mini da waɗanda ba na taɓawa." Ya nuna mata yadda ake riƙe linzamin kwamfuta, ɗan abin da ake dannawa da shi, ya nuna mata inda aka rubuta awa nawa aka yi a kowane wasa da ranar da aka buɗe shi ƙarshe. Ta sa tabarau ta duba. Bayan littafi ke nan, ta ce a ranta. Wannan ne karo na farko a rayuwarsa da ya kira ta cikin harkar nan, kuma ta ƙudura ba za ta yi masa aikin ganin ido ba.

Washegari, yana fita aiki, ta sauka ta sayo sabon littafin rubutu da jan biro, ta ja layuka da rula. Goggo mace ce mai karanta takardar da ke cikin kwalin magani har ƙarshe, don haka kafin ta taɓa komai sai da ta karanta bayanin masu shagon wasannin. Ta gano hanya uku ce. Ana iya cire wasa daga na'ura, sunansa ya zauna a jeri ya dushe. Ana iya ɓoye shi, ya koma wani lungu inda ido ba ya kaiwa. Nan ta yi tsaki, ta tuna mataimakiyarta. Ta uku tana can ciki, sai an bi ƙofa biyar: a goge shi daga asusun gaba ɗaya. Kafin a goge sai an tambayi mutum sau biyu ko ya tabbata. Wannan ya burge ta. Ashe akwai masu tarbiyya a cikinsu.

Ba ta manta da shafin farko ba. Ta danna hoton wasa biyar ko shida tana neman inda za a rubuta wane ya bayar, ba ta ga komai ba sai talla. Ta yanke cewa abin da ba a riƙewa a hannu ba a ba da shi kyauta.

Kwana tara tana aikin, daga fitarsa zuwa azahar, fanka na juyawa a sama, motocin haya na ta oda a ƙasa. Ta rubuta suna harafi bayan harafi, ta rubuta awa, ta soke, ta goge. Wasu hotunan na dodanni ne da bindigogi, tana goge su da bismillah. Akwai wani na gona da ta ɗan tausaya wa, amma shekara takwas ba a buɗe shi ba, doka kuma doka ce. Waɗanda ba a taɓa buɗewa ba ma duk ta haɗa da su. Ta fitar da ɗari biyu da uku.

Ranar da ta gama, ya dawo da la'asar, ta ce ya je ya duba. Ya zauna ko takalmi bai cire ba. Ya ga jerin ya yi sarari, ya gyaɗa kai.

"Kai, Inna, aikinki na kyau. Makaranta ta yi asara."

Sai ya danna lungun nan na ɓoyayyun wasanni. Wayam.

"Ina kika sa su?"

"Na fitar."

"Eh, na sani. Ina?"

"Auta, fitarwa ai fitarwa ce."

Ya juyo ya dube ta. Shi da ya ce a fitar, a kawar masa daga gaban ido yake nufi. Ita kuwa a bakinta kalmar ma'ana ɗaya gare ta tun kafin a haife shi.

A hankali ya yi bayanin. Ana gobe Tsinke zai kwanta asibiti ya aiko masa wani wasa kyauta, da 'yar wasiƙa maƙale da shi. Bai buɗe ba, ya bari sai Asabar. Bayan rasuwar kuma ya kasa ko kallon wurin. Sunan wasan ma bai riƙe ba. Sanarwar kyautar ta je tsohon adireshinsa na imel na wurin aiki, wanda aka riga aka rufe.

"Kwalekwale ne a hoton," ya ce. "Shi kaɗai na sani."

Bai yi faɗa ba, da ma ya yi. Ya kashe na'urar, ya ɗauko zanen gadon ya rufe ta, ya gyara gefe da gefe. Kwana biyu ko "na dawo" ɗin ma sai ta kasa kunne take ji.

Rana ta uku ta yaye zanen da kanta. Ta koma bayanin nan, ta bi shi layi layi har ƙasa, inda rubutu ke ƙanƙancewa. A nan aka ce wasan da aka goge ana iya mayar da shi, muddin mai asusu ya rubuta sunansa daidai, ɗaya bayan ɗaya. Ta ɗauko littafinta ta ja layi a ƙarƙashin duk wanda ba shi da awa ko ɗaya. Tamanin da takwas.

Da ya dawo ta ajiye littafin kusa da kofin shayinsa.

"Ni zan karanta, kai ka buga."

Ya buɗe, ya juya shafi, ya sake juyawa. "Rubuta su kika yi? Duka?"

"Ka taɓa ganin na fitar da abu ban rubuta ba? Sha shayinka, ya huce."

Yamma uku suka yi a kai. Ta jawo kujerar ɗakin girki ta zauna a gefensa, rula a ƙarƙashin layi. Sunayen wasu ko a mafarki ba ta taɓa jin irinsu ba, tana karantawa tana karya su, yana gyara mata.

"Inna, ba haka ake faɗa ba."

"Wanda ya raɗa sunan ya zo ya faɗa da kansa. Buga."

Kowanne ya dawo sai hotonsa ya fito, su duba, babu kwalekwale, su wuce. Tun yana wucewa shiru har ya fara magana. Wannan Tsinke ne ya zuga shi ya saya, daga baya ya ce ai wasa yake yi. Wancan sun yi musu a kansa sati guda. Akwai ranar da Tsinke ya yi barci suna tsakiyar wasa, yana jin munsharinsa a kunne. Goggo ba ta tanka ba sai da "to" da "Allah sarki", idonta a kan rula. Ta san in aka kalli mai magana irin wannan, maganar tsayawa take yi.

Na sittin da ɗaya ne. Wani ɗan kwalekwale ruwan ɗorawa a bakin ruwa. A can ƙasan shafin, inda ba ta taɓa gangarawa ba, ga sunan Tsinke, ga wasiƙar, layi ɗaya: "Ga shi nan, raggo. Kada ka buɗe sai na fito."

Auta ya karanta, ya tashi ya shiga banɗaki, ta ji famfo na zuba ya daɗe. Ita kuma ta ɗauki jan bironta, ta nemo layi na sittin da ɗaya, ta rubuta a gefe: an mayar. Ta tsaya tana duban kalmomin, don hannunta bai taɓa rubuta su ba. Sauran ashirin da bakwai ɗin ba su bi ta kansu ba.

Wata biyu bayan haka na kai mata ziyara. Na same ta tana ninke wanki, Auta bai dawo daga aiki ba. Ita ta ba ni mafi yawan labarin nan, ba tare da ta kare kanta ko ta zargi kowa ba, kamar mai ba da rahoton ƙarshen zango. Da zan tafi na tambaye ta abin da ke cina tun ɗazu.

"Goggo, ya buɗe wasan kuwa?"

"Bai buɗe ba," ta ce, tana kakkaɓe rigarsa ta aiki. "Ashe na mutum biyu ne, kowa da nasa filafilin tuƙa kwalekwalen. Shekaranjiya ya tambaye ni ko zan riƙe ɗaya. Na ce masa sai Asabar, in na gama guga."