Mai Tara Sa Hannu a Bakin Tasha

A bakin tasha, nan Daura, wani mutum yana tsaye gaban shagon hayar kaset da doguwar takarda a hannu. Ban san sunansa ba. Rigarsa ta sha guga, idonsa ya sha kwalli, kuma ba ya magana sai ya gyara murya kamar mai shirin huɗuba. Sa hannu yake tarawa. Yana so a kai wa hukuma a hana wani sabon fim, a kuma rufe shagon, tunda yanzu shari'a ake yi. Mai shagon, magidanci mai furfura, yana zaune ciki yana jin yadda ake shirin toshe masa hanyar abinci.

Wata dattijuwa mai jiran motar Mashi ta ce, "Malam, ina ne ya ɓaci a fim ɗin? Ni na kalla. Labarin wata ce da 'yan'uwanta suka cinye mata gado."

"Iya, ni ban kalla ba, Allah ya tsare idona. An dai ce akwai rawa."

Ina jin irin mutanen nan ne da ko a gidansu ba a neman shawararsu, sai suka gano cewa in ka ɗaga murya ka ce haram, kasuwa na juyowa.

Mutum huɗu kacal suka sa masa hannu. Yanzu ga shi can gindin dalbejiya, takarda a gwiwa, yana cika sauran layukan da kansa, yana karkata rubutun don kada sunayen su yi kama da juna.