Rakubar Baffa

Hawasha ita ce gonar da hukumar noman rani ta ba kakanmu ya riƙa nomawa. Da ya rasu sai ta koma sunan Baffa, yayan babana, don shi ne babba. Amma Baba ne ke shiga ruwa da laka, kuma dawar da muke ci daga can take.

Ina aji shida Baffa ya dawo daga Saudiyya da agogon da ya fi ƙarfin hannunsa, da turaren da ke riga shi shiga ɗaki. Ya ce ƙauyenmu ya matse, shi a bakin hanyar Wad Madani zai yi gida, inda masu bas za su gani. Bakin hanyar kuwa gefen hawasharmu ne.

Baba ya ce, “Yaya, ƙasar noma ce. Doka ta hana gini a kanta. Za su iya karɓe ta gaba ɗaya.”

“Doka ta hana rakuba?”

“A'a.”

“To, kalas, magana ta ƙare. Rakuba zan yi.”

Rakuba rumfar kara ce da manomi ke kafawa don ya fake wa rana. Ta Baffa da jan bulo da siminti aka yi ta, da ƙofar ƙarfe da tagogin gilashi, aka shafe ta da fenti ruwan hoda. Da aka gama sai ya sa aka jingina karan dawa a jikin bango, aka shimfiɗa zana a kan rufi. Ya ja baya ya dube ta, yana gyaɗa kai kamar shi ya ƙirƙiro wayo.

Ya hana kowa cewa gida. Ran nan na kai masa abinci, na ce a hankali, “Inna ta ce a kawo gidanka.” Ya daka mini tsawa: “Gidan wa? Ke, a makarantar taku ba a koya muku magana?” Ƙasa nake kallo, ƙasar kuwa tayil ce.

Abin da bai lissafa ba shi ne awaki. Kullum in zan wuce makaranta ina ganinsu a tsaye kan ƙafafun baya suna zare ganyen karan. Kafin wata ya ƙare sun cinye rakubar iya inda wuyansu ya kai. Sama kara, ƙasa ruwan hoda, kamar mutum ya sa rawani ya manta wando.

Mufattish, wato mai duba gonaki, ya zo da hantsi. Baffa ya tarbe shi da shayi, yana ta Larabcin Saudiyya. Mutumin ya shanye, ya yi godiya, ya tambayi inda zai wanke hannu. Baffa da kansa ya buɗe masa banɗaki, har yana nuna masa yadda ake murɗa famfo.

Da aka kai Baffa kotu ban je ba. Ina wanke kofuna na ji Baba yana ba Inna da Kaka, mahaifiyarsa, labari. Wai alƙali ya ce, “Mene ne ka gina?” Baffa ya ce rakuba. Alƙali ya ce madalla, tunda rakuba ce ba za ta yi wuyar ɗaukewa ba. Aka ci shi tara, aka ce ya rushe da kansa, ya mai da ƙasar yadda take kafin a saki ruwan shuka. In ba haka ba, hawasha ta bar hannunmu.

Kaka ta ce, “Shi mi ya ce?”

“Ya ce alƙalin bai waye ba.”

Washegari Baffa ya tuna yana da harka a garin Suki.

Baba ne ya ɗauki guduma. Bango bai ba shi wuya ba, tushen ne ya ƙi fita, don Baffa bai yi rowar siminti ba. Ni da Inna muka riƙa kwashe ɓaraguzai a kwano. Tafin hannun Baba ya tsage, yana naɗe shi da tsumma yana ci gaba. Ana gobe za a saki ruwa mufattish ya dawo, ya zaga, ya tona ƙasa da ƙafa, ya ce shi ke nan. Baba ya zauna a bakin kwalbati.

Dawa ta yi kyau a shekarar, ban da gefen hanya. Can ta fito guntu-guntu, rawaya, ba ta ko fid da kai ba.

Ranar girbi sai ga Baffa a raksha, keken haya mai ƙafa uku, da buhunansa sababbi a ninke.

“Na zo ɗaukar kasona,” in ji shi.

Baba ya sunkuyar da kai, don ba ya iya musu da yayansa. Kaka ce ta ɗaga sandarta ta nuna bakin hanya.

“Ga naka can, ɗan nan. Inda ka shuka. Tafi ka yanka.”