Majigin da Inna ta kalla a Kebbe

Akwai wani majigi da har in koma ga Allah ba zai fita raina ba. Ba a daɗe da samun mulkin kai ba, motar gwamnatin Jihar Arewa ta zo Tambuwal, aka kafa farin ƙyalle a bakin kasuwa. Na raka Inna kallo, ina ta tunanin ko na ɗaure akuya kafin mu fito. Haka nake tun ina yaro.

Abin da aka nuna gajere ne, ba labari a cikinsa. Titin Kaduna ne kawai: masu keke, mai shayi yana firfita wuta, mata suna jiran mota. Sai wani ɗan garuwa ya gifta, yana ɗan jan ƙafar hagu. Tafiyar yayana ke nan, wanda ya tafi cin rani shekarun baya, ba a sake jin ɗuriyarsa ba.

Wata maƙwabciyarmu ta zunguri Inna ta ce, "Ke, duba, ɗanki na."

Ɗan farin Inna ne. Ko sunansa ba ta faɗi, balle ta tsaya kallonsa a gaban mutane. Ta ja mayafi ta sunkuyar da kai. Kafin ta ɗago, jirgin ƙasa ake nunawa.

Ni na gani, amma ban tabbata ba. In na ce shi ne, wataƙila na yi ƙarya. In na ce ba shi ba ne, na yanke mata tsammani. Ko tuwo na kasa ci.

Da safe ta ce, "Shirya mu tai Kebbe, ina da gaisuwar mutuwa."

Na ce, "Wa ya rasu, Inna?"

Ta ce, "Gari guda, a rasa wanda ya mutu?"

Na san can motar majigin ta nufa. A Kebbe ba wanda ya san Inna. Ta zauna a sahun gaba, da ɗan garuwan ya gifta ko ƙiftawa ba ta yi ba.

A motar dawowa ta ce, "Mai ruwan nan na Kaduna, bai rame ba."

Na buɗe baki in faɗi shakkata, sai na rufe. Ba ta tambaye ni ba. Ranar na koyi cewa ba kowace shakka tawa ce ya wajaba in ɗora wa wani ba.