Ranar da Na Ja Kakana Zuwa Bakin Shinge

Jiya maƙwabciyata a Talata Mafara tana goge tire da toka da lemon tsami, ƙanshin ya mayar da ni zauren kakana a ƙauyenmu na kusa da Maradun. Da su yake goge lambobin yabonsa uku duk Juma'a. Tsohon soja ne, ya yi yaƙin Bama ƙarƙashin wani hafsa ɗan ƙasar Folan. Kaka ya taɓa goya shi ya haye kogi da shi, harsashi a cinyar hafsan, shi kuwa hafsan ya maƙala masa lamba da hannunsa. Daga baya labari ya zo wai ya zama janar. Kaka kan ce mutumin ba ya dariya, don an ƙwace ƙasarsu yana raye.

Ban gane maganar ba sai shekarar da ruwan madatsar Bakolori ya haɗiye fadamarmu, inda muke shuka dankali da albasa. Maza suka tare hanya da shingen duwatsu da kututtura don hana ma'aikatan madatsar wucewa, mahaifina a cikinsu. Mata suna kai musu fura.

Wata safiya da bazara muka ji rugugin manyan motoci. Kaji ma suka yi tsit. Innata tana can bakin shinge da ƙanena a baya. Kaka ya saka tsohuwar rigarsa ta kaki, ya jera lambobin a ƙirji. Idonsa ya riga ya yi rauni, ni ce jagorarsa.

"Kama hannuna, ɗiyata. Kar ki gudu ko mi kika gani."

Ƙasa tana ƙona mini tafin ƙafa. Muka ratsa har gaban masu bindigar da gwamnati ta turo, ina jin ƙarar lambobin suna bugun juna. Shugabansu matashi ne, gumi yana tsiyaya ta ƙarƙashin hularsa.

"Baba, koma gida."

"Na riƙa bindiga tun ba a haihe ka ba," in ji Kaka. "Ba a buɗa wuta da mata a tsakani. Ba ni lokaci in hidda su."

Ya daɗe yana kallon ƙirjin Kaka. Yatsuna suka nutse cikin tafin tsohon. Can matashin ya ce, "Yi sauri."

Mata da yara suka biyo mu. Mahaifina ya ƙi tasowa, Kaka kuma bai roƙe shi ba. Ba mu kai tsamiyar bakin gari ba muka ji harbi. Innata ta durƙushe, Kaka ya ce a ci gaba da tafiya. Kwana uku muna gidan gwaggo a Bakura kafin a kawo mahaifina a kan jaki, da rai, amma ƙafarsa ta hagu ba ta sake takawa daidai ba.

Yau 'yan uwanmu na Gidan Goga suna kwana da takalmi a ƙafa saboda 'yan bindigar daji. Nakan tuna matashin nan da ya ji kunyar tsoho na ɗan lokaci, har muka tsira. Waɗanda ke zuwa yanzu, dattijo suke fara ɗauka.