Farin Yadin da Ke Ƙasan Akwatin Iya

Duk shekara, idan Oktoba ta kusa ƙarewa, 'yan ajina sukan tsare ni da tambaya ɗaya: "Malama, wace shiga za mu yi ranar dodanni?" Makarantar da nake koyarwa a nan Kuala Lumpur ta hana sayo kayan a kanti, sai abin da yaro ya haɗa da hannunsa daga tarkacen gida. Na ƙware a ba da shawara har ina jin kunyar yawan abin da na sani. Baƙar ledar shara, a tsaga ta gefe guda, ta zama alkyabbar mai shan jini. Garin fulawa a fuska, kwalli a zagayen ido, an sami gawar da ta fasa kwanciya. Baƙin zaren saƙa a ɗinka a tsohuwar hula, a sauko da shi ya rufe fuska, ga matar nan ta finafinai wadda ba ta taɓa haɗuwa da mataji ba. Jini kuwa, zoɓo mai kauri ya fi tumatirin kwalba, kuma ba ya tsami a jiki. Abu ɗaya ne ba na ambata, ko da yake ya fi duka sauƙi: farin yadi. Idan wani ya kawo zancensa sai in ce lokacin lissafi ya yi.

Dalilin yana hawa na goma sha huɗu na wani dogon bene a unguwar Setapak ta wannan birnin, lokacin ina da shekara goma.

Abba yana karatun digirinsa na uku, Umma ta haifi autarmu, sai aka ɗauko mahaifiyarta daga Bichi ta zo yi mata wankan jego. Iya muke ce mata. Sunanta aka sa mini, Hauwa, saboda haka Umma ba ta faɗin sunana, Mami take cewa, ita kuwa Iya takwara. Iya ba ta yarda da garin ba ko kaɗan. Ta ce mutanen da suka ɗora gida a kan gida har sau ashirin suna da wani abu da suke gudu a ƙasa. Amma cikin kwana uku ta gano inda ake samun ganyen darbejiya wajen wata Ba'indiya maƙwabciyarmu, ba tare da ta iya kalma ɗaya ta yarenta ba.

Ta zo da ɗan kaskonta na turaren wuta. Kullum bayan sallar magariba takan fita baranda ta hura gawayi uku ko huɗu. Akwai takarda a jikin lif da ta hana kunna gawayi a benen. Sau biyu Abba yana fassara mata, ta ce da wanda ya rubuta da ita yake, da ya rubuta da Hausa. A gaban wannan wutar, wadda ba ta kai tafin hannu biyu ba, muke zama ni da ƙanwata Amira mai shekara shida, fitilun motoci suna rarrafe can ƙasa kamar kiyashi, Iya ta tanƙwashe ƙafa ta ce, "Ga ta nan, ta sha wuyar hawa bene, ta iso." Mu ce, "Ta shigo ta huta." Amira takan ƙara da "boleh", wato ta yarda, Iya ta harare ta ta ci gaba.

Wani mako a ƙarshen Oktoba, malamarmu ta ce ranar Juma'a kowa ya zo da shigar dodon fim. Na riga na san nawa. A gidan ƙawata Nurul, a hawa na tara, mun saci kallon wani fim da gawa take tashi cikin likkafani, an ɗaure shi a ka da ƙafa, tana bin mutane da tsalle saboda ba ta iya taku. Kwana biyu ban iya shiga banɗaki ni kaɗai ba, na kuwa yanke shawarar cewa abin da ya yi mini haka ya cancanci a yi wa wasu. Ba ya bukatar komai sai farin ƙyalle da igiya biyu. Matsalar ita ce duk zanin gadon Umma furanni ne, ba a kuwa taɓa jin gawa ta tsorata kowa cikin furanni ba.

Ranar Alhamis da la'asar, Iya tana banɗaki tana fyaɗa wa Umma ruwan zafi da ganye, na jawo akwatinta daga ƙarƙashin gado. A can ƙasa, naɗe cikin wani tsohon zani, na tarar da farin yadi, ninki a kan ninki, ba a taɓa sa shi ba. Na zari ƙyalle guda, na lulluɓa, na shaida gurbin idanuna da biro, na ɗauki almakashin makaranta na fitar da da'ira biyu. Na tsaya gaban madubi na yi tsalle uku, na tsorata kaina sosai, na ji daɗi. Sai na cusa shi ƙarƙashin katifa.

Ban san cewa tsofaffinmu da yawa sukan tanadi likkafaninsu tun suna da rai ba. Iya ta sayo nata a Makka shekarar da ta yi aikin hajji, ta jiƙa shi da ruwan zamzam, ta shanya shi a can. Ba ta kwana a wani gari ba tare da shi ba. Babban tsoronta, kamar yadda Umma ta gaya mini daga baya, shi ne ta mutu a ƙasar da ba a san sunan ubanta ba, a naɗe ta da ƙyallen da ba nata ba. Da wannan sharaɗin ta yarda ta hau jirgi. Shi na yi wa ido biyu.

Da magaribar nan hadari ya haɗo, irin na ƙarshen shekara, mai tsawa kamar ana jan teburi a sama. Iya ta shigo da kaskon bakin ƙofar baranda, ta kashe fitilar falo. Ba ta saba kashewa ba. Ta ce tatsuniyar yau ba ta son haske.

Ta ce a wani gari akwai masaƙi da yake saƙa wa kowane mutum farin zane guda, a kai gida a ajiye a ƙasan adudu, ba a taɓa shi sai ranar da za a yi tafiyar da ba a dawowa. A garin akwai wata yarinya mai son dariya, amma irin dariyar da sai wani ya firgita take zuwa mata. Wata rana ta shiga ɗakin wata tsohuwa maƙwabciyarsu, ta ɗauki farin zanenta, ta lulluɓa, ta je ta laɓe a hanyar rafi da almuru. Mata suka taho da tuluna, ta miƙe a hankali. Tuluna suka tarwatse, mata suka watse, yarinya ta yi dariya har ta zauna a ƙasa.

"Da ta gama," in ji Iya, "sai ta ji wani ya ce mata sannu."

Dogon mutum ne a gindin tsamiya. Ga wata ya fito, amma ba shi da inuwa. Ya ce, "Kin shirya da wuri. Sai bayan kaka aka ce in zo wa mai wannan zanen, amma tunda kin sa, mu tafi." Yarinya ta ce ba nata ba ne, wasa take yi. Ya ce, "Ni ɗan aike ne. Ba a nuna mini fuska, zane ake nuna mini." Ta kama zanen za ta yaye, ya ƙi fita, kamar da shi aka haife ta.

A nan ne na fahimci mene ne a ƙarƙashin katifata. Ba wanda ya gaya mini. Iya ko kallona ba ta yi ba, gawayi take juyawa da tsinke. Na tuna na sa shi, na tuna har tsalle uku na yi a ciki, sannan na tuna abin da ya fi duka muni: ko da ɗan aiken ya tambayi suna, sunanmu ɗaya.

Amira ta ce, "Ta gudu mana, lah," da 'yar jelar nan da 'yan garin suke liƙa wa magana.

Iya ta ce, "Ta gudu. Ta buga ƙofar uwarta, uwar ta leƙo ta ga farin abu tsaye, ta ƙara sakata. Ke ce da kin buɗe?"

Amira ta matso jikina.

Sai mutumin ya ce zai yi mata alfarma ɗaya. Ya nuna wata wuta da makiyaya suka bari tana cin ƙarshenta. Kafin ta mutu, idan mai zanen ta fito ta ce da bakinta "nawa ne", zai ƙyale yarinyar, ya koma kan mai shi. Yarinya ta ruga har ƙofar tsohuwa. Ta ɗaga hannu za ta buga, sai ta tuna abin da za ta roƙa: ta faɗi satar da ta yi, sannan ta ce wa tsohuwa ta karɓi kiran. Hannun ya tsaya a sama.

Iya ma ta tsaya. Ta sa hannu a cinya. A cikin kasko saura gawayi ɗaya mai ja, shi ma toka ta fara rufe shi.

Na ce, "Sai me ya faru?"

"Ina na sani, takwara? Har yanzu tana tsaye."

Ba ta rufe tatsuniyar da kan kusu ba kamar kullum. Ta bar ta a buɗe, muka zauna a cikinta. Ruwa yana dukan gilashi. Can sai ƙarar lif, ya tsaya a hawanmu. Taku ya taho a hankali, ya wuce ƙofa ɗaya, ya wuce ta biyu, ya tsaya. Aka ƙwanƙwasa sau uku.

Na karanta littattafan ban tsoro da yawa tun daga lokacin, wasu ma na koyar da su, amma ba marubucin da ya kai wannan ƙwanƙwasawar iya aiki. Ban san sanda na isa ɗaki ba. Na fizgo ƙyallen daga ƙarƙashin katifa, na dawo na zube a gaban Iya, ina cewa ni ce, ni na ɗauka, ni na yanka, ban sani ba, kada a buɗe.

Iya ta karɓa. Ta warware shi a kan cinyarta, ta zura yatsa a rami ɗaya, ta zura a ɗayan. Sannan ta juya wajen ƙofa, ta ɗaga murya yadda na waje zai ji, ta ce, "Nawa ne."

Daga waje Abba ya ce, "Mene ne naki, Iya? A buɗe mini, hannuna da kaya." Ya manta makullinsa, ya biyo ta shagon mamak, gidan abincin Indiyawa Musulmi, ya yi mana tapau, wato ƙunshin tafi-da-gidanka, na gurasarsu roti, ledar tana ɗiga.

Da aka kunna fitila, Umma ta fito da jaririya a kafaɗa, ta ga abin da ke cinyar mahaifiyarta, ta dafa bango ta zauna. Abba ya fara cewa gobe zai je kasuwar Chow Kit ya nemo sabon yadi mai kyau. Iya ta ce Chow Kit ba ta da zamzam, kuma ba ta ce tana neman canji ba. Ta kwance bakin zaninta, ta fito da 'yan da'irori biyu farare. A bakin madubi ta tsince su tun la'asar.

Ta ce, "Ɓarawon kirki yana share wurin aikinsa. Kawo allura, takwara. Idona ba ya ganin kafarta."

Ni na zura zaren. Ita ta riƙe, ni na ɗinka, ɗinkin 'yar shekara goma, kamar sawun kaza. Na ce a kwance a sake, ya yi muni. Ta ce a bar shi, ta sami tagogi, za ta riƙa leƙen waɗanda suka zo rakiya da waɗanda suka fake da uzuri. Umma ta ce, "Haba Iya, wace irin magana ce wannan a gaban yara." Iya ta ce yaran da suka iya sa likkafani sun isa jin zancensa.

Washegari na je makaranta da ledar shara da fulawa. Ban tsorata kowa ba. Wani yaro ma ya tambaye ni ko kek muka yi a gida.

Shekaru da yawa na ɗauka darasin daren nan shi ne kada a taɓa kayan manya, darasi mai araha wanda tsawa ɗaya ta isa koyar da shi. Na kuma riƙa jin haushin cewa Iya ta ƙirƙiri tatsuniyar ne a take don ta matse ni, ta kuma ƙi ƙarasa ta. Ban taɓa jin ta a bakin kowa ba, na bincika.

Iya ta rasu a Bichi, a ɗakinta, ina shekarar ƙarshe a jami'a a nan. Kafin in sami labari har an kai ta. Umma ce ta kira ni bayan kwana biyu. Ta ce da matan da suka yi mata sutura suka warware yadin, sun ga faci biyu, ɗaya ta ce a canza wannan ƙyallen. Sai ƙanwar Iya ta ce a'a, marigayiya ta bar wasiyya, da shi za a sa, kuma facin ya zo ta wajen fuska.

Ina riƙe da wayar a tashar jirgin ƙasa ta Taman Melati, jirgi biyu suka wuce ban hau ba. A nan na gane ta ƙarasa tatsuniyar tun a daren, ni ce tsoro ya toshe wa kunne. Ni nawa tsoron na aro ne, na fim, wanda ake cirewa a rataye. Nata na gaske ne, ta ɗauko shi a ƙasan akwati ta ƙetare teku da shi. Duk da haka, da aka ƙwanƙwasa, ba ta bar yarinya a tsaye ba. Ta san Abba ne, ba na shakka. Amma na ji muryar da ta amsa da ita, kuma na tabbata ko da ba shi ba ne, amsar ke nan.