Kun Ce In Dakata

Har gobe ban manta da safiyar da aka dakatar da Malam Ango ba. Lokacin muna ƙarƙashin Sakkwato, ba a ƙirƙiro Jihar Neja ba, ni kuma ina ƙaramin akawu a wani ofishin gona a nan Kontagora. Malam Ango, mutumin Auna, shi ke riƙe da makullin sito. Takin zamani ya ɓace, aka ce shi ne.

Ku yaran yanzu ku sani, dakatarwa ba kora ba ce. Za a raba ka da aiki, a riƙa ba ka rabin albashi, amma dole kwamiti ya zauna ya ji ta bakinka kafin a yanke hukunci. Shugabanmu, babban malamin gona, ba ya son wannan zama, don kowa ya san makullan siton biyu ne, kuma an san aljihun da ɗayan yake. So yake Ango ya yi zuciya ya koma Auna, a rubuta cewa ya gudu.

Ango bai gudu ba. Kullum da safe sai ga shi a bencin ƙofa da wankakkiyar rigarsa.

"Malam Ango, me kake yi a nan?" in ji shugaba.

"Ranka ya daɗe, kun ce in dakata. Ga ni na dakata."

Duk manomin da ya zo neman iri, Ango zai gaishe shi ya gaya masa yana jiran kwamiti. A kasuwa kuwa an fara kiransa Ango Taki, har a gaban 'ya'yansa. Muna leƙe ta taga muna dariya, amma wallahi ni tausayinsa ya fi yawa a raina.

Damina ta wuce, kwamiti bai zauna ba. Yau shugabansa yana rangadi, gobe sakatare ya tafi ta'aziyya Mashegu. Kwatsam aka ce babban jami'i na tafe daga Sakkwato. Aka shafa wa duwatsu farar ƙasa, aka share ko'ina. Ango ne kawai tsintsiya ta kasa kawarwa.

Shugabanmu ya kira shi ciki, ya miƙa masa makulli. "An yafe maka. Koma bakin aikinka."

"Ranka ya daɗe, me aka yafe? A zauna tukuna, ina da magana."

"Haba Malam Ango! Ana yi maka alheri kana neman fitina? Magana ta wuce."

Mai iyali ne, ya karɓa. Baƙo ya zo, ya leƙa sito, ya yaba da tsabtarsa. To, ina datti zai fito, tunda ba komai a ciki?

Ango ya yi aiki har ritaya, sunan nan kuma ya bi shi har Auna. Abin da na koya ke nan: a aikin gwamnati ya fi sauƙi a yafe maka laifin da ba ka yi ba da a ba ka kujera a saurare ka.