Sunan Ungozomar Maraɗi

Har gobe ranar da direban makarantarmu, Malam Isiyaku, ya tare ni a bakin ofis ba ta fita raina ba. Shekarar da sojoji suka miƙa mulki ce, ina shugabar sashen harsuna a wata sakandaren 'yan mata a nan Katsina, kuma ni kaɗai ce mai koyar da Faransanci.

Matarsa ta je biki Maraɗi, naƙuda ta kama ta, ta zo da gardama. Wata ungozoma Bafaranshiya, Marie-Luce, ita Allah ya sa ta ceto uwa da ɗiya. Isiyaku ya yi alkawarin yi mata takwara. Mahaifinsa kuwa, limamin unguwarsu a Ƙofar Marusa, ya ce ba zai yi wa jikarsa huɗuba da sunan da bai san asalinsa ba. Suna ya matso, uba da ɗa ko gaisawa ba sa yi sosai.

Roƙon Isiyaku shi ne in je in gaya wa tsoho ma'anar sunan mai kyau ce, shi ke nan. Na ce masa a'a, Malam, ba a kanti nake sayar da ma'ana ba.

Na kai maganar gaban shugabar makaranta, Hajiya Binta, Allah ya jiƙanta. Ƙa'idarta ita ce malami ba ya ba da amsa da ka, sai ya duba. Ƙamus ɗinmu ba ya kawo sunaye, don haka ta ɗage darasina ta tura ni kwalejin horon malamai, wajen wani dattijo mutumin Damagaram da ke da littafin sunayen Faransawa. Da zan fita ta ce, "Malama, ki kai wa Liman duka. Kada ki tsince mai daɗin."

Dattijon nan ya bar shayinsa ya huce yana buɗe mini shafuka. Sunaye biyu ne aka haɗa, yadda Faransawa suka saba. Marie ita ce Maryam, mahaifiyar Annabi Isa. Luce daga harshen Latin yake, ma'anarsa haske, amma kuma sunan wata waliyyiyar Kirista ne. Nan na san wannan ƙarshen zai iya rusa komai.

Na durƙusa a zauren Liman, muka gaisa, na zayyana masa duka har da waliyyiyar. Isiyaku sai harara yake aiko mini. Ni kuwa har na fara neman takalmina da ido.

Can tsoho ya ce, "Maryam kika ce? Sunan mahaifiyata ke nan."

Ya ce ya gode da ban ɓoye masa komai ba, shi ya sa ya yarda da sauran. Da Maryam zai yi huɗuba. Sai dai kun san al'adarmu, yarinyar da ta ci sunan uwar maigida ba a kiranta gatsal, sai an saka mata laƙabi. Ya dubi ɗansa ya ce, "Rabin sunan baiwar Allahn nan da ya rage, a kira jaririyar da shi da Hausa."

Wallahi sai da na yi ƙwalla. Ku da kuke koyarwa yanzu, abin da na koya ke nan: mutanenmu ba baƙon suna suke tsoro ba, rufa-rufa suke tsoro. Ina gode wa Hajiya Binta da ta hana ni tsinta. Haske kuwa ta girma ta shigo ajina, kuma ranar farko ta ɗaga hannu ta tambaye ni yadda ake faɗin sunanta da Faransanci.